Ƙungiyar asirin da ta kulle hayyacin dattawa a tulu don lokaci ya daina zamewa, ku duba min labarin nan

Nura_Agege:
Assalamu alaikum jama'ar gida. Akwai wani labari da nake rubutawa, na kai wani wuri na cije shi ne na ce bari in kawo gabanku. Ƙirƙira ce irin ta tatsuniya amma ta manya. Wani gari ne a bakin ruwa da lokaci ya fara zamewa a cikinsa, a kwanta Talata a wayi gari Juma'a, yaro ya tafi aike ya dawo da furfura, mai jego ta shiga wanka ta fito ta tarar an yaye ɗan. To sai manyan masu sana'ar gado na garin, maƙeran fari da wanzamai da marina, suka haɗu a ɓoye ko sarki bai sani ba, suka gano wai lokaci yana tafiya daidai ne matuƙar akwai mai tuna shi ba ƙyaftawa. Suka zaɓi dattawa bakwai, wanzamai suka zare musu hayyaci, maƙera suka zuba a tulunan tagulla bakwai aka liƙe, kowane tulu yana riƙe da rana ɗaya ta mako. Gari ya zauna lafiya shekara 40. Yanzu tulun Laraba ya fara mantuwa, kuma jikar tsohuwar da ke cikinsa ta gano zancen. Tambayata ita ce, wadda ke cikin tulun nan har yanzu kakarta ce ko kuwa? Don in ita ce to fasa tulun kisan kai ne, in kuma ba ita ba ce labarin nawa ya zama holoƙo. Na biyu, malaman cikinmu, akwai matsala a addinance?

Baban_Tumatir_Mile12:
Wa alaikumus salam. Nura ina ma tulun Litinin ne ya lalace, wallahi da mutanen Legas sun yi wa ƙungiyar nan walima 😂

Kwamanda_Okada:
Wai ku ba ku da aikin yi ne. Mutane na fama da kuɗin haya kai kana dafa tsofaffi a tulu

Zee_Yaba:
Kwamanda in ba ka karatu ka wuce mana, ba dole. Yaya Nura ni labarin ya kama ni tun daga yaron da ya dawo da furfura. Amma kafin a je ga tambayarka ni tawa ce a gaba: dattawan nan da yardarsu aka saka su? Don abin da ka zayyana ai maita ce zalla, kama kurwa a ɓoye ta a wani wuri mai ita yana nan yana ƙanjamewa. Duk Bahaushen da ya karanta abin da zai fara zo masa kenan, kai kuma na ga kamar kana so mu tausaya wa ƙungiyar.

Sadiq_ComputerVillage:
Ni dai amsata a taƙaice ba ita ba ce. Kullum aikina kenan a shago, mutum ya kawo tsohuwar waya in kwashe masa hotuna da lambobi da WhatsApp ɗinsa kaf in zuba a sabuwa, ya kunna ya ga komai yadda ya bari har hoton bango. Amma tsohuwar wayar tana nan a kan tebur ɗina, ba inda ta je, kuma in na ga dama in zuba kayan nan a waya uku. To wace ce tasa ta asali a cikin ukun? Abin da ke tulunka kwafi ne oga. Kakar ta rasu tun ranar da wanzamai suka taɓa ta, jikar ta yi mata addu'a ta fasa tulu ta huta.

Nura_Agege:
Sadiq ai ba kwafa suka yi ba, zarewa suka yi. Jikin ya zama fanko.

Sadiq_ComputerVillage:
Wannan kwafa ce sannan a goge na farko, duk kanwar ja ce. Kai ne dai ba ka son ji.

Malam_Habu_IdiAraba:
Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Malam Nura, ƙirƙirar labari ba laifi ba ce in dai mai karatu ya san ƙirƙira ce kuma ba a kira shi zuwa ga ɓata ba, wannan fahimtata kenan, akwai malaman da suka fi tsanantawa. Inda zan ja hankalinka shi ne kada ka rubuta cewa ruhi suka kama. Suratul Isra'i aya ta 85, an tambayi Annabi (SAW) game da ruhi aka ce ya ce ruhi yana daga al'amarin Ubangijina, kuma ba a ba ku ilimi ba sai kaɗan. A Zumar aya ta 42 kuma Allah ne ke karɓar rayuka lokacin mutuwa da kuma lokacin barci. To ba wanzamin da askarsa za ta kai nan. Amma in ka nuna su sun ɗauka sun kama ne alhali ba su san me suka rufe a tulun ba, ka ga labarin ya ma fi daɗi kuma ka fita daga rigima. Sannan ka koma ka karanta Suratul Kahfi a natse. Samarin nan sun yi shekara 309 a kogo, da suka farka suka ce yini ɗaya muka yi ko wani yanki na yini, kuɗin azurfar da suka aika a sayo abinci ne ya nuna zamani ya wuce su. Da kuma mutumin da ke Baƙara aya ta 259, wanda masu tafsiri da yawa suka ce Uzairu ne, shekara 100, abincinsa da abin shansa ba su canza ba amma jakinsa ya zama ƙasusuwa. Dubi wannan da kyau, wuri ɗaya, abinci bai lalace ba jaki ya ruɓe. In kana neman yadda za ka nuna lokaci ya rabu biyu ba ka da misalin da ya kai wannan, sai dai can ikon Allah ne ba dabarar maƙera ba.

Nura_Agege:
Allah ya saka da alheri Malam, wannan ta jaki da abinci ban taɓa kallonta ta nan ba.

Ummi_Nas:
Bari in sa baki ta ɓangaren asibiti. Sadiq kana magana kamar mutum tarin abin da yake tunawa ne kawai, ba haka ba ne. Akwai wani Ba'amurke Henry Molaison, a 1953 aka yi masa tiyata a ƙwaƙwalwa saboda farfaɗiya aka cire wani sashe daga ɓangarorin biyu, daga ranar bai ƙara iya ajiye sabon abu ba har ya rasu a 2008. Likita zai gaisa da shi ya fita ya dawo sai an sake gabatar da shi. Amma halinsa yana nan, ladabinsa yana nan, har an koya masa zana tauraro yana kallon madubi hannunsa yana ƙwarewa kullum shi kuma yana cewa bai taɓa yi ba. To wa zai ce ba shi ba ne? Kuma abin da nake gani da idona a ɗakin farfaɗowa, mutum an yi masa allurar barci an yi awa huɗu ana aiki a cikinsa, yana buɗe ido zai ce Nas yaushe za a fara. Awa huɗun nan babu su a wurinsa sam, ba irin barcin dare ba ne da kake tashi ka san dare ya yi nisa. Don haka Nura ka yanke shawara, tsohuwar nan a farke take shekara 40 a cikin duhu ko kuwa? In a farke take ba ido ba kunne ba mai yi mata magana to ba mantuwa za ta yi ba, haukacewa za ta yi tun a shekarar farko.

Zee_Yaba:
Innalillahi Anti Ummi kin sa tsigar jikina ta tashi. Shekara 40 kina ƙirga Laraba ke kaɗai

Injiniya_Bash:
A farke take dole, tunda Nura ya ce sai da mai tunawa ba ƙyaftawa. Shi ne ma ya sa nake ganin dabarar ƙungiyar ba ta da kyau ko a cikin labarin. Duk wanda ya san aikin agogo ya san ba a dogara da abin da ke gajiya. Tun 1967 ma'aunin sakan ɗaya a duniya shi ne kaɗawa 9,192,631,770 ta ƙwayar zarra ta siziyom, an zaɓe ta ne don ba ta da yau da gobe. Kuma shi kansa lokacin ba abu ɗaya ba ne a ko'ina, Einstein ya nuna haka tun 1905 da 1915. Taurarin GPS da ke sama da mu kilomita wajen 20,200 agogonsu yana riga na ƙasa da kashi 38 cikin miliyan na sakan kullum, in ba a gyara ba taswirar wayarka za ta dinga kaucewa da wajen kilomita 10 a rana, ka nemi unguwar Obalende a nan Legas ta kai ka cikin teku. Ni da ni ne kai sai in sa rigima a cikin ƙungiyar, maƙera suna son ƙera na'ura wanzamai suka dage sai mutum. Akwai al-Jazari da ya rubuta littafin na'urori a 1206, ya yi agogon ruwa mai siffar giwa, kwano mai huda yana nutsewa a hankali duk rabin awa ƙwallo ya faɗo. Maƙeranka za su iya irin wannan.

Baban_Tumatir_Mile12:
Injiniya ni Einstein bai gaya min komai ba, gadar Third Mainland ce ta koya min. Kilomita 11 da ɗoriya amma ranar da ta ga dama sai ka yi la'asar da magariba a kanta

Dan_Borno_Apapa:
Hhhh Baba ka zo Apapa ka ga tanka ta kwana bakwai a layi. Amma maganar gaskiya ko a azumi muna ganin abin nan, agogonmu ɗaya da Maiduguri amma in na kira gida sun sha ruwa har sun yi sallah mu nan rana ba ta faɗi ba, wajen minti 40 ne tsakani. Ƙanena kullum sai ya turo min hoton kofin kunu don mugunta

Injiniya_Bash:
Wannan juyawar ƙasa ce Dan Borno, ba abin da nake faɗa ba kenan. Duk digiri ɗaya minti 4 ne, tsakanin Legas da Maiduguri kusan digiri 10.

Dan_Borno_Apapa:
To mun ji farfesa, yunwar dai ɗaya ce

Hajiya_Zango:
Nura ɗana, ni ban iya dogon rubutu ba jikata ce ke danna min. Mahaifiyata ta yi shekara 90 da wani abu a nan Agege kafin Allah ya karɓi abarsa, a ƙarshe ruɗewar tsufa ta kama ta. Mahaifinmu fataucin goro ya kawo shi, yana ɗaure huhu yana sa wa a jirgin ƙasa zuwa Kano, ya rasu da daɗewa. Amma ita duk la'asar sai ta sa a share tsakar gida a shimfiɗa tabarma a ajiye buta, ta ce Malam na hanya daga tasha. Ni da na haifi 'ya'ya har da jikoki sai ta kalle ni ta ce yarinya je ki kira min uwarki. Da farko muna gyara mata, mu ce Inna Malam ai ya rasu, sai ta fashe da kuka sabo fil kamar yanzu aka faɗa mata, gobe ma haka. Daga baya muka bari, in ta ce yana hanya mu ce Allah ya kawo shi lafiya. Ba ta san sunana ba amma in na shafa mata man zafi a ƙafa ta san hannuna, in wata ce sai ta janye. Kuma Fatiha ba ta taɓa kuɓuce mata ba. To wannan yaron mai waya da ya ce kwafi ne, ni dai uwata ce na yi jinya har ranar da aka ɗauke ta.

Sadiq_ComputerVillage:
Allah ya jiƙan Inna Hajiya, ya sa Aljanna ce makoma. Amma Hajiya ai maganarki tawa take ƙarfafawa, Inna tana cikin jikinta, ƙafarta ce ta san hannunki. Ta tulu ba ta da ƙafa.

Ummi_Nas:
Amin. Nan kam Sadiq ka faɗi abin dubawa, ban ƙi ba.

Kwamanda_Okada:
Allah ya jiƙanta Hajiya. Tawa kakar ma haka ta yi a Gumel, ni take kira da sunan babana

Zee_Yaba:
Ashe Kwamanda kana karantawa 😏

Abba_Unilag:
Don kada a ɗauka tatsuniya ce kawai, akwai masu yin irin wannan da gaske da kuɗinsu. Tun 12 ga Janairun 1967 aka daskarar da gawar wani malamin jami'a James Bedford a Amurka, har yau tana ajiye a wurin kamfanin Alcor a jihar Arizona, cikin ruwan naitirojin mai sanyin digiri 196 ƙasa da sifili. Wasu ma kai kawai ake yankewa a ajiye don ya fi araha, wai nan gaba kimiyya za ta tashe su ko a kwashe abin da ke ƙwaƙwalwar a zuba a kwamfuta. Ba wanda aka taɓa tasarwa ko ɗaya. Kuma a shekarun 1970 a Kalifoniya akwai waɗanda aka bari suka narke suka ruɓe don kuɗin kula da su ya ƙare, dangi suka kai ƙara kotu. Batun kwashewar kuma, ƙwaƙwalwar mutum tana da ƙwayoyin jijiya wajen biliyan 86. Wata 'yar tsutsa mai guda 302 kacal an gama zana yadda nata suke haɗe tun 1986 amma har yanzu ba a gama gane yadda take yanke shawara ba. Sai a 2024 aka kammala na ɗan ƙudan nan mai bin ruɓaɓɓiyar ayaba, wajen 140,000. A shekarar ne kuma Harvard da Google suka fitar da taswirar ɗan gutsuren ƙwaƙwalwar mutum da bai kai ƙwayar shinkafa ba, bayanan suka ci terabait 1,400. Sadiq ka lissafa hard disk, wato ma'ajiyar bayanan kwamfuta, guda nawa kenan a shagonku.

Sadiq_ComputerVillage:
Ko kasuwarmu ta kwamfuta ta Otigba gaba ɗaya aka kwashe ba za ta ɗauka ba 😂

Baban_Tumatir_Mile12:
A kawo kamfanin nan Legas mana mu gani, NEPA ta ɗauke wuta kwana biyu dizal ya ƙare, sai dai a kira masu wankan gawa

Malam_Habu_IdiAraba:
Subhanallah. Haƙƙin mamaci a yi masa sutura a binne shi, Allah ya tsare mu. Malam Nura na tuna wani abu da zai yi maka amfani wajen ƙungiyar taka. Larabawan jahiliyya suna da masu ɗage wata, in suna son yaƙi a wata mai alfarma sai a ce bana an matsar da alfarmar zuwa wata na gaba, Suratut Tauba aya ta 37 ta kira wannan ƙari a cikin kafirci. Abin lura shi ne duk wanda ya riƙe lissafin kwanaki ya riƙe wuyan mutane, ranar biyan bashi, ranar kasuwa, idda, komai. To ka tambayi kanka shekara 40 ɗin nan ƙungiyar ba ta taɓa cin moriyar tulunan ba?

Zee_Yaba:
Yauwa Malam!! Abin da nake ta faɗa kenan tun sama ba wanda ya kula ni. Yaya Nura har yanzu ba ka amsa ba, da yardarsu ko babu? Kuma me ya sa duk cikin garin tsohuwa aka samu, 'yar gidan wa ce, ina tsofaffin gidan sarkin maƙera? Ni na fi zargin talakawa aka ɗebo waɗanda ba mai tambaya. In haka ne ni ban damu ba ko ita ce ko kwafinta ce, abin da ke cikin tulun yana wahala kuma wasu suna cin riba, shi kenan. Ibn Sina ma da ya kawo misalin mutumin da aka halitta yana shawagi a iska ba ya gani ba ya ji ba ya taɓa ko gaɓar jikinsa, cewa ya yi duk da haka zai san akwai shi. To ta tulu ta san akwai ta, Sadiq, ko da ƙafa ko babu.

Abba_Unilag:
Ƙarin bayani kan ta Malam, a 1582 da Fafaroma Gregory ya gyara kalanda an kwanta 4 ga Oktoba aka tashi 15 ga Oktoba. Ingila ba ta bi ba sai 1752, ta zubar da kwana 11. Nura kwanta Talata tashi Juma'a ɗinka ya taɓa faruwa a takarda

Injiniya_Bash:
Kwanan wata ne ya yi tsalle Abba, ranakun mako ba su motsa ba, Alhamis aka kwanta aka tashi Juma'a.

Admin_Sani:
Jama'a a ci gaba amma wanda ya turo tallan data a tsakiyar hira na goge, na gaba cirewa ce.

Nura_Agege:
Kai jama'a na gode, kun ba ni aikin wata guda. Zee gaskiya a yadda na tsara shida da yardarsu, ita ta Laraba ce kaɗai aka yaudara, mai koda ce ba ta da kowa sai 'ya ɗaya, aka ce mata magani za a yi mata na ciwon kai. Shi ya sa nata ne ya fara lalacewa. Yanzu tunanin da nake yi bayan maganar Hajiya, jikar ba za ta fasa tulun nan da nan ba, za ta dinga zuwa da dare tana kwankwasa shi da irin kiɗan da kakar ke yi da taɓarya, tulun ya amsa. Ba zan faɗa wa mai karatu ko ita ce ba. Matsalar ita ce ƙungiyar za ta ce to tunda ya san hannunki ke za ki maye gurbinta.

Ummi_Nas:
Wannan ya yi. Amma yarinyar shekararta nawa? In an rufe kakar shekara 40 da suka wuce ina ta san kiɗan taɓaryarta

Nura_Agege:
Uwarta ce ta koya mata Anti, ita uwar tana da shekara 9 aka ɗauke kakar

Sadiq_ComputerVillage:
Amsa kwankwasa ba hujja ba ce fa, na'ura ma tana amsawa. Ni ina nan kan bakana.

Zee_Yaba:
To in na'ura ce me ya sa wadda aka yaudara ce kaɗai ta lalace? Tagulla tana jin haushi ne?

Sadiq_ComputerVillage:
Wannan Nura ne ya rubuta haka, ba ni ba

Hajiya_Zango:
Kada dai ka saka yarinyar nan a tulu Nura, in ka saka ba zan sa a karanta min ba.

Injiniya_Bash:
Akwai wani ramin kuma. Tuluna bakwai suna riƙe da ranakun mako, to wa ke riƙe da watanni? Garin suna ganin wata ko ba sa gani? Don in jinjirin wata yana fitowa daidai ai ba sa buƙatar kowa a tulu, su ƙirga daga sama mana.

Nura_Agege:
Injiniya don Allah ka bari in fita daga Laraba tukuna 😭

Dan_Borno_Apapa:
Ka sa hazo ya rufe garin shekara 40 kawai, ko ka ce garin Legas ne da damina, wa ya taɓa ganin wata a nan sai dai mu jira sanarwa daga Sakkwato